Malam, da Hannuna Nake Rusa Abin da Na Gina

Assalamu alaikum Malam. Da fatan kana lafiya, ya iyali, ya ƙoƙari? Ni saurayi ne mai shekara 31, daga wani ƙauye da ke cin kasuwar Gujungu. Don Allah a sakaya sunana.

Damuwata ita ce, duk abin da na sa a gaba yakan tafi lafiya lau, sai an zo gab da cin moriyarsa in ɓata shi da kaina. Na shiga kwalejin horon malamai, na yi shekara biyu ban taɓa faɗuwa ba, malamai har misali suke yi da ni. Ana saura mako biyu a fara jarrabawa na tattara komatsaina na dawo gida, na ce kuɗin makaranta ne suka gagara, alhali kawuna ya riga ya biya. Daga baya wani Alhaji mai sayen riɗi ya ɗauke ni ina yi masa awo a ƙauyuka. Kaka biyu muna zaune lafiya, har ya ce zai ninka mini jari ya haɗa ni da mutanensa na kasuwar Dawanau. A daidai lokacin na ranta wa wani abokina kuɗin buhu 2 daga cikin kuɗin Alhaji, bai biya ba. Maimakon in gaya masa, sai na aika masa da kayansa da ragowar kuɗinsa ta hannun direba, na daina ɗaga wayarsa. Yau wata 10 ke nan. Ran Lahadi in na hango motarsa a kasuwa sai in sake layi.

Akwai yarinyar da na nema shekara biyu. Ranar da mahaifinta ya aiko a ce in turo magabatana, washegari na hau motar Legas da sunan ci-rani, ko sallama ban yi mata ba. Kafin in dawo an ɗaura mata aure da wani. Bara kuma riɗin gayaunata ya yi kyan da masu wucewa ke tsayawa kallo. Na san lokacin yanka ya yi, kullum ina cewa gobe, ina zaune wurin mai shayi, har ya bushe a tsaye ya farfashe, rabi ya zube a ƙasa. Ɗan abin da na tsira da shi na sayar, kuɗin ban san inda suka shige ba, da damina ta faɗi sai da na ci bashin taki.

Innata ta ce hannu aka sa mini daga ɗakin abokiyar zamanta, don kada in fi 'ya'yanta. Na sha rubutu, na yi hayaƙi, tumaki biyu sun tafi wurin masu magani. Babban yayanmu, na wancan ɗakin, da na sayi babur ya riƙa ce mini "su Alhaji manya", ban yi wata biyu ba na sayar da shi. Wani daren sai in kwana ina zagin kaina har kiran assalatu. Bana ma na shuka riɗin, ya yi kyau, kuma wallahi tsoro nake ji. Malam, asiri ne, ko lalaci ne, ko haka Allah Ya halicce ni?

Wa alaikumus salam wa rahmatullah, ɗana.

Lalaci dai cire shi daga lissafi. Malalaci ba ya kai riɗi ga yanka. Kafin gona ta yi kyan da za a tsaya kallonta, sai da wani ya yi shara, ya yi huɗa, ya shuka, ya yi noma ya yi maimai. Malalaci kuma ba ya yawo ƙauye-ƙauye da kwanon awo har kaka biyu, mai kuɗi ya ce zai ninka masa jari. 'Yan kasuwar riɗi ba sa ƙara wa mutum jari don kyan fuskarsa. Wahalar aiki ba ta taɓa korarka ba. Abin da ke korarka daban ne, kuma kai da kanka ka rubuto shi, jerawa ce kawai ba ka yi ba.

Koma ka duba abin da ke faruwa dab da kowane gudu. A kwaleji malamai suna misali da kai, ga jarrabawa ta matso. Wurin Alhaji an yaba maka, ga Dawanau a gaba, inda za ka tsaya cikin manyan dillalai. Wurin yarinyar nan an yarda da kai, saura ka zama maigida a ga ko za ka iya riƙe iyali. A gona mutane sun gama cewa bana wane ya yi riɗi, saura a kakkaɓe a ƙirga buhu. Ko'ina yabo ke fara zuwa, sannan ranar da za a tabbatar ko yabon gaskiya ne. Kai mai awo ne, ka san bambancin tsibi da kwano. Tsibin riɗi a kan tamfol, kowa na iya tsayawa ya ce wannan ya kai buhu biyar. Sai an sa kwano ake sanin gaskiya. Kai ka fi son ka zauna a tsibi, ana kallo ana sa albarka. Da ka hango an ɗauko kwano sai ka sa ƙafa ka watsa, don kada a auna.

Ba a kanka aka fara wannan hali ba, masana halayyar ɗan'adam sun daɗe da sa masa ido. A 1978 wasu masana biyu a Amurka, Steven Berglas da Edward Jones, sun tara ɗaliban jami'a suka ba su tambayoyi. Wasu an ba su tambayoyi masu amsa, suka yi tunani suka amsa. Wasu kuwa da gangan aka ba su waɗanda yawancinsu ba su da amsa, sai canki-canka suka yi ta yi. Da aka gama, kowane ɓangare aka ce masa ya yi ƙoƙari ƙwarai. Sannan aka ce akwai wata jarrabawar a gaba, amma kafin nan kowa ya zaɓi ɗaya cikin magani biyu: ɗaya an ce yana kaifafa ƙwaƙwalwa, ɗaya an ce yana dusashe ta. Maganin na bogi ne, zaɓin kawai ake son gani. Waɗanda suka san da guminsu suka ci ba su cika kula mai dusashewar ba. Waɗanda aka yaba musu alhali su kansu ba su san yadda aka yi suka ci ba, musamman mazan cikinsu, su ne suka fi miƙa masa hannu. In sun faɗi a karo na biyu sai a ce magani ne, yabon farko yana nan ba abin da ya taɓa shi.

Yau in aka yi zancen makaranta a majalisa kana da abin faɗa: da kuɗi ba su gagara ba da yanzu ni malami ne. In aka yi zancen riɗi: ai bara da na yanka da wuri da ba wanda zai kamo ni. Ba mai ƙaryata ka, tunda ba a auna ba. Abin da kake saya ke nan duk sanda ka rusa, kuma da tsada kake biya: takardar shaida, jari, mata, rabin gona. Can ƙasa akwai wani zato da ka ɓoye ko ga kanka, cewa masu yabonka ruɗuwa suka yi, ranar awo asirinka zai tonu. Ni da na karanta wasiƙarka ban ga dalilin wannan zato ba. Shekara biyu ba faɗuwa, kaka biyu ba asara, ai sa'a ba ta daɗewa haka.

Ka kuma tuna abin da kake ji a ranar da ka gudu. Na tabbata a motar Legas ɗin nan, kafin ku kai Zariya ƙirjinka ya yi sakayau, har barci ya ɗauke ka. Wannan ɗan sauƙin shi ne ladan da zuciya ke karɓa nan take, shi ya sa take maimaitawa. Nadama a makare take zuwa, bayan mako ko wata, lokacin zuciya ta riga ta haddace cewa gudu na kawo sauƙi.

Ba kowace asara ce aikin hannunka ba, kada ka tattara ka ɗora wa kanka duka. Ambaliyar 2022 ta cinye gonakin Jigawa na mai ƙwazo da na rago, ba ta tambayi kowa ba. Tun da aka cire tallafin man fetur a 2023 kuɗin mota da na kaya suka yi tashin gwauron zabi. A gidan gandu kuma mai kuɗin kaka ba shi kaɗai ke da kuɗinsa ba, ga suna, ga biki, ga maganin tsoho. Wannan halin rayuwa ne da zumunci. Abin da muke magana a kai shi ne riɗi ya nuna, lauje na rataye, kai kana shan shayi.

Batun hannu kuwa zan taka a hankali, tunda maganar mahaifiya ce. Ba na musun akwai sihiri da hassada. Alƙur'ani ya ambace su, an kuma koya mana neman tsari da Falaƙi da Nasi da azkar na safe da yamma, waɗanda ba a biyan ko sisi a kansu balle tunkiya. Amma tambayi kanka: wane irin asiri ne wannan da zai bar ka ka yi karatu shekara biyu, ya bar ka ka yi noma, ya bar ka ka yi ta zuwa zance, ba ya motsawa sai wayar Alhaji ta yi ƙara? Inna don tana sonka ta faɗi haka. Ya fi mata sauƙi ta ce an cuci ɗanta da ta ce ɗanta ne ke gudu. Kai ma ya fi maka sauƙi, domin uzuri ne da aka tanada tun kafin a faɗi, irin maganin ɗaliban can. Sannan akwai alhaki. Matar babanka uwa ce a gare ka, ana tuhumarta da babban zunubi ba shaida ba hujja, kuma a gida ɗaya za a ci gaba da zama. Kada ka yi jayayya da Inna, ba za ka ci ba, kuma ba ladabi ba ne. In ta sake kawo zancen wani mai magani ka ce, "Inna, addu'arki ta fi tasa, ki yi mini ita, tunkiyar nan kuma a bar ta ta haihu."

Inda na fi daɗewa a wasiƙarka shi ne zancen babur. Ka rubuta shi kamar abin wucewa, ni kuwa ina ganin nan jijiyar take. Kalma uku yayanka ya faɗa, ka rabu da abin hawanka. A gidajenmu na karkara, ƙaramin da ya riga babba samu yana shiga wani hali da ba kowa ke faɗa ba. Tare kuka tashi a gandu ɗaya, shi ke ja gaba a gona kana biye, shi ke fara sa hannu a tuwo. Ran da ka wuce shi a kan babur yana tafe da fartanya a kafaɗa, wani abu a ranka ya ce maka ka yi rashin kunya. Ga kuma 'yan ubanci: duk abin da ka samu, lissafinsa ake yi a kan ɗakinku ya ci ɗakinsu. Sai zama daidai da kowa ya zame maka shi ne zaman lafiya. Wanda ba shi da komai ba a yi masa habaici, ba a zo masa rance, ba a ce ya fara ɗaga kai. Ina jin wannan tsoron ya kai na awo ƙarfi, wataƙila ma ya fi shi, kuma shi ya sa zancen Dawanau ya firgita ka maimakon ya faranta maka.

To amma me sayar da babur ɗin ya haifar? Yayanka bai ƙaru da komai ba. Ran da ciwo ya kama wani cikin dare, gidan ba abin hawa, sai an je buga ƙofar maƙwabta. Rashinka ba kyauta ba ce da ka yi masa. In kana son rage zafin, sa shi cikin samun: ka ɗauke shi zuwa kasuwa, ka ba shi aro ya kai iyalinsa asibiti, ka nemi shawararsa a gaban mutane, ka ba shi girmansa. Duk da haka habaicin ba zai ƙare ba, kada ka sa rai. In ya ce "su Alhaji manya", amsar ita ce, "Allah Ya sa, Yaya, a taya mu da addu'a", da dariya, a wuce wurin. Habaici ba ya rage wa riɗi farashi.

Ka tambaya ko haka Allah Ya halicce ka. Abin da yake da ranar farawa, yake da lokutan da yake tashi da waɗanda yake kwantawa, koyonsa aka yi, kuma abin da aka koya ana iya sake masa tarbiyya. A hadisin da Muslim ya ruwaito, Manzon Allah (SAW) ya ce mutum ya yi kwaɗayin abin da zai amfane shi, ya nemi taimakon Allah, kada ya gajiya, in kuma wani abu ya same shi kada ya tsaya cewa da na yi kaza da kaza ta faru. Ƙaddara ana ambatonta ne a kan abin da ya riga ya wuce. Riɗin da ke tsaye a gona yanzu bai wuce ba tukuna.

Ba zan ce maka ka ɗaura niyya ba, na san ka sha ɗaurawa cikin dare har da hawaye, kuma ba ta kai hantsi. Mai irin halinka dabararsa ita ce ya yanke hukunci tun yana da ƙarfi, ya ɗaure hannunsa, yadda ranar da raunin ya zo zai tarar hanyar gudu a toshe.

A yammacin Kenya, yankin Busia, manoman masara suna da irin ciwonka na taki. Da kaka kowa ya ce baɗi zai sa, in lokacin ya zo kuɗi sun narke. Masana tattalin arziki uku, Esther Duflo da Michael Kremer da Jonathan Robinson, suka gwada wani abu mai sauƙi, suka wallafa sakamakon a 2011. Ana gama girbi, kuɗi na hannu, sai a bi manomi har gida a ce ya biya kuɗin takinsa yanzu, farashi cif ba ragi, a ba shi takarda, a kawo masa kayan ba kuɗin dako. Masu sa taki suka ƙaru sosai, ƙaruwar da ta yi kusan daidai da wadda aka samu da aka karya rabin farashi daga baya, lokacin da ake bukatar takin. Ba wa'azi aka yi wa manoman nan ba, lokacin yanke shawarar kawai aka matso da shi zuwa ranar da aljihu ke da nauyi. Duflo da Kremer suna cikin waɗanda aka ba kyautar Nobel ta tattalin arziki a 2019, saboda irin waɗannan gwaje-gwaje.

Kai ba sai baƙo ya biyo ka gida ba, kana da kawu. Shi ya biya kuɗin makaranta, wato ya san ba su gagara ba, ya ji kana faɗa wa mutane akasin haka, ya yi shiru ya rufa maka asiri shekara da shekaru. Wanda ya yi maka wannan shi ne mutuminka. Ka same shi cikin makon nan ka faɗa masa duk abin da ka rubuto mini, kada ka rage.

Ku je gonar tare. Ka fi ni sanin alamar: ganyen ƙasa ya yi rawaya ya fara zuba, kwanson ƙasa ya fara sauya launi amma bai buɗe baki ba. Ku sa ranar yanka. Ka kira 'yan ƙwadago, ka ba su kafin alƙalami a gaban kawu, ka gaya wa Inna ta kwana da shirin kunun ma'aikata. Ran nan bayan sallar asuba mutane za su tsaya a ƙofar gidanku da laujensu suna kwaɗa sallama, kuma ba ka da fuskar da za ka ce musu gobe. Kunyar da ta saba korarka daga gona, ita za ta kai ka. Haka ranar kakkaɓa, a aro tamfol tun da wuri, a sa rana, a gaya wa mutane.

Ranar sayarwa kada ka je kasuwa kai kaɗai, kuma kada kuɗin su kwana a aljihunka ko a asusun wayarka. Kafin ka bar Gujungu a raba su: bashin takin bana, kason Alhaji, sannan takin baɗi a saye shi a ranar, a kai ɗakin kawu, a ɗora kan katako nesa da danshi, mukulli a hannunsa. Takin kamfa ya fi jure ajiya. Yuriya tana jan danshi ta dunƙule, in za a ajiye ta sai buhun da ba a buɗe ba. In da saura, ɗan rago na turka ya fi tsabar kuɗi wuyar ɓarnatarwa, don sayar da rago sai an ja shi a idon gari. Ka ware wani abu na shayi da hidimar gida da sunansa. Kada ka rantse ba za ka taɓa ko kwabo ba, mai irin wannan rantsuwa shi ke cinye duka ranar da ya karya ta.

Sannan ka koyi gane zuwan abin. Yana da alamu kuma ka san naka: waya ta yi ƙara gabanka ya faɗi, ka ji garin ya ishe ka, ka fara tambayar kuɗin motar Kudu, ko ka fara ganin aibin abin da jiya kake so. Ku yi yarjejeniya da kawu, duk ranar da ka ji haka, kafin magariba za ka je ka ce masa, "Kawu, abin nan ya motsa." Ba sayarwa, ba tafiya, ba kashe waya sai an kwana biyu. Ba a hana ka fasa abu ba, wani abin ya cancanci a fasa shi. Fasawa a guje ce aka hana.

Makaranta da aure ka ajiye su bana. Karatu bai wuce ka ba, Cibiyar Malamai ta Ƙasa da ke Kaduna, wato NTI, tana da karatun NCE, wato takardar shaidar malanta, daga nesa, magidanta da masu sana'a suna yi. Amma ba yanzu ba. Mai irin halinka yana son ya ɗauki abu biyar rana ɗaya, don in sun zube ya ce kaya ne suka yi yawa. Bana riɗi da Alhaji, shi ke nan. Yarinyar kuwa matar wani ce yanzu. Kada ka kira, kada ka aika, kada ka ce za ka nemi yafiyarta ta waya, sauke nauyinka ne za ka yi a kan aurenta. Mahaifinta ka kunyata, a tura dattijo ya ba shi haƙuri sau ɗaya, a bar maganar.

Zagin kan da kake kwana yi, na san kana ɗaukarsa kamar kana biyan wani abu ne. Ba ya biyan komai. A jami'ar Carleton ta Kanada an bibiyi ɗalibai, sakamakon ya fito a 2010: waɗanda suka yafe wa kansu jan ƙafar da suka yi wajen shirin jarrabawar farko sun fi rage jan ƙafa a ta biyu. Wanda ya kwana yana kiran kansa banza, da safe ba ya son ganin gonar da ke tuna masa. Amma in rashin barcin ya zarce mako biyu a jere, abinci ya fita ranka, abin da ke maka daɗi a da ya daina, ko ka fara jin gara ma ka mutu, ko ka fara neman sauƙi a ƙwaya, to ya wuce shawarata. Ciwon damuwa ne, kuma yana da magani. Akwai asibitin ƙwaƙwalwa a Kazaure, akwai na Dawanau a Kano, ko babban asibitin da ke kusa da ku ma za su duba ka su tura ka gaba. Zuwa can ba hauka ba ne, kada ka bari surutun gari ya hana ka.

Saura Alhaji. Shi ne mafi wuya, kuma shi za ka fara yi, tun kafin yanka. Kada ka jira sai ka haɗa kuɗin, "sai na haɗa" ita ta ci wata 10. Kada kuma ka tare shi a kasuwa cikin mutane. Kawu ya kira shi ya nemi izini, ku same shi a gida, ka tafi da abin da ke hannunka ko na kwano goma ne. Bayan gaisuwa kada ka yi dogon sharhi, kada ka kawo zancen asiri, kada ka ɗora wa abokinka. Ka ce, "Alhaji, na taɓa amanarka. Na ranta wa wani kuɗin buhu 2 ba da izininka ba, kunya ta hana ni faɗa, na ɓuya. Ga abin da na samu, ragowar in an kakkaɓe riɗi zan cika." Sai ka yi shiru, ka sunkuyar da kai ka bar shi ya yi faɗansa, haƙƙinsa ne.

Ka san yadda ɗan kasuwa ke lissafi. Giɓin buhu 2 abu ne da ya saba gani, kowace kaka ana yi. Abin da ba ya haɗiyewa da sauƙi shi ne shiru, don a kasuwa wanda ya daina ɗaga waya ɓarawo ne har sai ya bayyana. Amma ka mayar masa da kayansa da ragowar kuɗinsa, ɓarawo ba ya haka, kuma shi ma ya lura. Yana iya mayar da kai, yana iya cewa ka biya ku rabu. Kada ka roƙi aiki a wannan zaman ko da ya sakar maka fuska. In shi ya ce ka dawo, roƙe shi kada ya ninka jarin tukuna, ku koma yadda kuke, kuma duk ran kasuwa ku zauna ku yi lissafi ko da ba abin da ya ɓace, don in giɓi ya samu kada ya wuce kwana bakwai a cikinka. Bashin kuwa a rubuta shi, adadi da ranar biya, kawu da wani su sa hannu, kowa ya riƙe takardarsa. Abokin naka ma haka za ka yi masa, ka je da shaida, a rubuta, ko kwano-kwano ne ya riƙa biya da kaka.

Allah Ya ba da albarkar gona. Ka gaishe mini da Inna da kawu.